Ɗaɗɗoyar Iya Fari Take Furewa

Ni ban iya rubutu ba, kuma ban taɓa jin ciwon hakan ba sai bana. Maƙwabciyarmu Zainabu, 'yar Damagaram, wadda ta yi shekaru tana karanta labarai a gidan rediyo, ita ke riƙe da alƙalami. Na ce mata ta sa magana yadda ta fito daga bakina, in kuka ya zo mini ta jira ni ya wuce. Takwarata nake yi wa wannan, jikata ta fari, wadda za a ɗaura wa aure ranar Asabar mai zuwa. Akwai abin da ya kamata in ba ta a ranar, kuma ba ni da shi. Ina so ta san mene ne, ta kuma san yadda aka yi ya fita daga hannuna.

A gidan da na tashi, kunne ke riga ido farkawa. Da asuba za ka ji guga tana bugun bakin rijiya, sai tarin kakana yana alwala, sai taɓare biyu suna amsa wa juna a gidan maƙwabta, ɗaya ta sauka ɗaya ta tashi, har ka gane wace ce ke daka daga nauyin hannunta. Tattabaru na guɗa a kan rumbu, mai koko na kira daga zaure, wata uwa na ƙwala wa 'yarta kira ta bayan katanga. Aikinmu na yara mata ba ya ƙarewa, amma ba mu san sunansa aiki ba: shara, ɗebo ruwa, tsince tsakuwa daga wake, kore kaji daga shanya. Nan inda nake zaune yanzu, a garin Gaithersburg na Amurka, abin da ke tashe ni shi ne hucin injin da ke sanyaya ɗaki, da gurnanin babbar hanyar da ke bayanmu. Motoci ba sa yankewa, kuma ba ka san ko mutum ɗaya a cikinsu ba, balle ka yi masa fatan sauka lafiya. Maƙwabci yakan ɗaga maka hannu daga nesa ya shige ya rufe ƙofa. Gidajen suna da kyau, ba na raina su. Amma za ka yini a ciki ba ka ji an yi sallama ba.

Iya, kakata ta wajen uwa, ita ta yaye ni, ita kuma ta riƙe ni har na yi aure. A bayan ɗakinta, inda ruwan wanka ke gangarowa ya jiƙa ƙasa, akwai ɗaɗɗoya. Ba irin ƙaramar nan da ke fitowa da damina ta bushe da kaka ba. Wannan babba ce, gindinta itace ne sosai, tsayinta ya kai ƙirjin babban mutum. Ganyenta na da faɗi, gefensa kamar haƙoran zarto, in ka murza shi ƙamshin ya ɗauko na kanumfari. Furenta ƙanana ne, farare, a jere a kan tsinke kamar an yayyafa tsakin shinkafa. Da ganyen ake yi wa mai jego farfesu. Wanda cikinsa ke murɗa a tafasa masa ya sha, mai mura a rufa masa zane ya yi sirace, in magariba ta yi a jefa ɗan reshe a garwashi sauro su ba mu wuri. Ni aka ɗora wa kula da ita. In share gindinta, in gyara ƙayar da aka kewaye ta da ita saboda awaki, in furen ya bushe in murje shi a faifai, in hure ƙaiƙayin, in tara baƙaƙen 'ya'yan a cikin wata 'yar batta ta fata. Iya takan ce da ni, “Ganye ki tsinka yadda kike so. Fure kada ki taɓa, a cikinsa irin yake, kuma irin nan ba naki ba ne ke kaɗai.”

Abin da take nufi shi ne wata al'ada ta gidanmu, ban san wani gida mai yin ta ba. Duk 'yar da za a kai ɗakin miji, tsohuwar da ta raine ta za ta ƙulle mata 'ya'yan ɗaɗɗoyar nan a haɓar zanenta. In ta isa, ta shuka a bayan ɗakinta. Uwar Iya ce ta ƙulla wa Iya, Iya ta ƙulla wa mahaifiyata, kuma ba wanda ya san daga hannun wa abin ya faro.

Wata rana, ina shekarun famfara, muka shirya bikin 'yar tsana da ƙawayena. Ni ce uwar amarya, ina son ɗakin 'yata ya fi na kowa. Iya ta tafi barka, sai na tsallake ƙayar da ni kaina na jera, na zage furen nan tas, na shimfiɗa wa amaryar kara gado fari fat. Da Iya ta dawo ta zagaya bayan ɗaki, ta ga ɓarnar. Can sai ta kira ni.

“Wa ya yi wa ɗaɗɗoya aski?”

Na ce, “Akuyar Baba ce, Iya. Da idona na gan ta.”

“Akuya ta tsallake ƙaya, ta bar ganye, ta zaɓi fure ɗaya bayan ɗaya? Lallai akuyar nan ta fi mai ita wayo. Miƙo hannunki.”

Ta kai tafin hannuna hancinta. Ba ta dake ni ba, da ma ta dake ni. Ta ce, “Furen da kika zage zai dawo baɗi. Maganar da kika faɗa mini ce ban san inda zan ajiye ta ba.” Kwana uku bayan nan, duk abin da na gaya mata, ko da cewa na yi ruwa ya tafasa, sai ta juya ga wanda ke kusa ta ce, “Wai haka ne?” A rana ta uku na faɗi a cinyarta ina kuka, ta shafa kaina, magana ta wuce. Tun daga ranar ban ƙara iya ƙarya ba. Ko ciniki nake yi, in na so in ƙara gishiri a magana, sai in ji kamar ana shinshina hannuna.

Da lokacina ya yi, Iya ta ƙulla mini. Na auri mutumin da nake so, maɗinki, mai yawan dariya, Allah ya jiƙansa ya sa ya huta. Washegarin tarewata na kwance haɓar zanena na shuka a bayan ɗakina. Ta fito, ta yi itace, ta yi fure fari kamar ta Iya. A gindinta ungozoma ta binne mabiyiyar 'ya'yana duka uku: ɗan farina, wanda ba na kiran sunansa, kowa Likita yake ce masa yanzu, sai 'yata mace, sai Auta. 'Yar macen ƙyanda ta ɗauke ta tana shekara huɗu. Ita ce wadda zan ƙulla wa, sai ga shi ni ina nan zaune, ita ta riga ni tafiya. Duk da haka ban fasa tara iri ba. Kowace shekara in murje, in hure, in zuba sabo a batta, in tsohon itacen ya gaji in tayar da wani a gefensa. Maigidana yakan tsaya da butarsa ya ce, “Wannan itacen ya fi ni samun ruwa a gidan nan. Ni sai na roƙa, shi kuwa kai masa ake yi.” Da ya rasu, a gindinta na yi yawancin takabata. Nakan shimfiɗa tabarma a wurin da hantsi in yi ta kuka, ba na ɓoyewa, yanzu ma ba na ɓoyewa. Shekara arba'in da wani abu muna tare, ban taɓa kama shi da maganar da ba haka take ba.

Bayan takaba idanuna suka yi yana, har ba na rarrabe fuskar mutum sai ya yi magana. Hancina kuma ya riga ya mutu tun zazzaɓin nan da ya rufe duniya, ba na jin ƙamshi ba na jin wari. Likita ya zo ya ce in bi shi Amurka a yi mini aikin ido. Na ƙi, sai ya haɗa ni da takwarata a waya. Ita a can aka haife ta, tana jin Hausa amma bakinta ya fi karkata ga Turanci. Ta ce, “Kaka, ina da miji. Ki zo ki gani ko ya yi.” Nan take na amince zan bi shi. Na ce ashe Allah bai sa na tara irin nan a banza ba. Na juye battar duka, ban rage ko ƙwaya ba, na ƙulle a haɓar zanen da zan yi tafiya da shi. Na kama hannun Auta, wanda ke zaune a gidan da iyalinsa, na kai shi bayan ɗaki. Na ce, “Ga amana. Safe da yamma.” Ya ce, “Inna, ko ni ban sha ba ita za ta sha.”

Da jirgi ya kusa sauka, Likita ya ga ina ta shafa ƙullin. Ya tambaye ni mene ne, na gaya masa. Sai ya ce, “Inna, kawo in riƙe miki. Mutanen nan suna da bincike, ni na san yadda zan yi da su.” Na kwance na zuba masa a hankici. Ɗana ne. Wa zan ba in ba shi ba?

Da sanyi muka iso, irin sanyin da ban san Allah ya halitta ba, ƙanƙara ta rufe komai, itatuwa tsirara. Duk lokacin da na tambayi irina sai ya ce ba a shuka a wannan yanayin, in yi haƙuri. Da gari ya fara ɗumi, ranar nan ya shigo da tukunyar roba ya ɗora mini a cinya. Ya ce, “Ga ɗaɗɗoyarki, Inna. Na ba wani abokina mai lambu ya tayar miki, ta fito.” Na shafa ganyen na ji shi siriri, sumul, ba faɗin nan ba haƙoran nan. Na ce ya na ji ta daban? Ya ce ƙasar ce ba ɗaya ba, ga tukunya ta matse ta. Na yarda. Na ce ai ni ma tun da na zo ƙasar nan na ƙanƙance.

Na ajiye ta a barandar katako ta bayan gida, na mayar da ita abokiyar hirata. In ba ta ruwa da butar alwalata, in kore kuregun da ke zuwa tonon ƙasarta, in zauna kusa da ita in ba ta labarin Iya. Akwai wani ɗan farin abu na roba da aka soke a cikin tukunyar, na ɗauka madogari ne, in ya karkace in miƙe shi. Da Babbar Salla mata suka taru a gidanmu, matan likitoci da injiniyoyi da 'yan rediyo, na tsinko ganyen na bi su ɗaya bayan ɗaya ina rabawa. Ina cewa, “Irin kakata ne, daga gida na zo da shi, ku sa a farfesu.” Suka karɓa hannu biyu suna godiya. Yanzu na san a cikinsu akwai waɗanda suka gane, suka dubi juna suka yi shiru. Ni da na bar ƙarya tun ina famfara, aka sa na tsufa ina rabon ta gida gida. Kowace Juma'a kuma in an kira mini Auta, tambayata ta farko ita ce ta gida. Ya ce, “Tana nan, Inna, ta yi kyau, yanzu ma na ba ta ruwa.”

Can tsakiyar zafi aka yi mini aikin. Da safen da aka cire mini abin da aka rufe idon da shi, duniya ta dawo kamar an wanke ta. Na ga furfura a gemun ɗana, na ga takwarata doguwa ce mai wushirya irin ta kakanta. Muna dawowa gida ban ko zauna ba, na wuce baranda, don kwanaki ina jin tsinken fure da yatsuna. Na tsaya a kanta. Furen ba fari ba ne. Launin ɓawon jar albasa gare shi, har karan ma haka. Na rufe ido na buɗe, na ce ko aikin ne bai gama zama ba. Na dubi mayafina, fari ne, na gan shi fari. Na dubi furen, yana nan yadda yake.

Zainabu na shanya a nata ɓangaren, na kira ta ta zagayo. Na zare ɗan robar nan, sai na ga ashe rubutu ne a jikinsa. Na miƙa mata.

Ta duba ta ce, “Wai, Inna. Wannan ba ni ya kamata in faɗa ba.”

“Ke 'yar nan, shekara nawa kina karanta wa duniya labarin yaƙi? Karanta mini.”

Ta ce sunan wani shago ne a nan kusa, garin Annandale, da sunan ganyen da mutanen Asiya ke sakawa a romon taliyarsu. Wato Likita ko cire shi bai yi ba. Ya san ba zan iya karantawa ba, ya bar mini shi a gabana wata huɗu ina miƙe shi in ya karkace. Wannan ya fi komai ƙona ni.

Na shiga na same shi a falo, na ajiye robar a gabansa. Ya dube ta, ya sauko daga kujera ya durƙusa. Ya ce doka ce, ba a shigowa da iri ƙasar nan, in an kama za a iya hana ni shiga, aikin idon ya lalace. Kafin mu kai wurin masu bincike ya jefa hankicin a kwandon shara.

Na ce, “Dokar ƙasarsu ban ja da ita ba. Me ya hana ka gaya mini?”

“Hawan jininki, Inna. Kin fito daga takaba. Na ce in kin warware zan faɗa.”

“To. Allah ya sa uwar ɗaɗɗoyar tana gida. Kira mini Auta a waya mai hoto. Yau ina gani, zan ga abata.”

Bai motsa ba. Matarsa da ke tsaye a ƙofar kicin ta juya ta koma ciki. Sai da na maimaita sannan ya kira. Can gida la'asar ce, rana tana nan. Auta ya fara murna wai idon Inna ya buɗe, na ce ya zagaya da ni bayan ɗakina. Ya ce waya ba ta kamawa a can. Na ce ya je. Ya tafi yana jan ƙafa, ya juya wayar. Siminti ne malale daga bango zuwa bango, an kafa ƙarfe huɗu, an ɗora baƙin tankin ruwa a kai. Ko tsinke babu.

Auta ya ce, “Yaya ne ya aiko a gyara miki gidan kafin ki dawo. Masu aikin suka ce nan ne kawai tanki zai zauna.”

“Yaushe?”

“Wata guda da tafiyarki.”

“To ruwan da kake ce mini ka bayar kowace Juma'a, wa kake ba?”

Ya sa kuka, ƙato da shi, mai 'ya'ya huɗu. Na ce da su biyun, wanda ke durƙushe a gabana da wanda ke cikin waya, “A ƙarƙashin simintin nan mabiyiyarku take, da ta 'yar'uwarku. Wannan na bar wa Allah. Itace kuma yakan mutu, na sani. Maganar da kuka yi ta faɗa mini ce ban san inda zan ajiye ta ba.”

Sun yi ƙoƙari bayan nan, ba zan hana su hakkinsu ba. Auta ya bi gidajen unguwa ko wani ya taɓa ɗaukar reshe ya dasa, ya tarar kowa ya malale tsakar gidansa. Ya je garinmu, gidan Iya ya zama shaguna. Likita ya nuna mini hoto a wayarsa, ya ce ana sayar da irin babbar ɗaɗɗoya, mai farin fure, kwana uku za a kawo har ƙofa. Na ce na gani, fari ne, amma hannun Iya bai taɓa shi ba. Ya roƙe ni gafara na ce na yafe, don ba na so in mutu in bar shi da nauyi. Sai dai yanzu in ya ce mini, “Inna, lokacin maganinki ya yi,” sai in ga kaina ya juya wajen matarsa ina neman ta ce haka ne. Iya da gangan ta yi mini, kwana uku ta daina. Ni ba da gangan nake yi ba, kuma ya ƙi dainawa. Yana gani, ina ganin yana gani.

Jiya takwarata ta dawo daga wurin aikinta a Germantown ta same ni a baranda. Ta zauna a ƙasa ta dafa gwiwata. Ta ce, “Kaka, ki ɗaura mini na wannan. Ba komai. Ni ba zan faɗa ma kowa ba.” Na ce, “Takwara, abin da ya kawo mu nan ke nan.” Tukunyar tana nan, ina ba ta ruwa har yau, ƙudan zuma na zuwa mata. Ba ita ta yi mini ƙarya ba. Amma ba zan ƙulla ta da sunan Iya ba.

Shi ya sa na kira Zainabu. Ta ce wannan takarda ta fi ƙarfin haɓar zane, sai dai a nemo buhu. Na ce ta ƙanƙanta rubutun, ta ninke ta iya ninkuwa, ni na san yadda ake ƙulli. Takwara, ranar Asabar, in an gama naɗa miki zane, zan durƙusa da gwiwoyin nan nawa in ƙulla miki ita a inda aka ƙulla wa uwata, aka ƙulla mini. In kin kwance a gidanki ba za ki sami abin shukawa ba, takwara, a hannuna ya ƙare. Abin da ya rage shi ne wanda na gani da idona. Tsayinta ƙirjin mutum, ganyenta mai haƙora, ƙamshinta na kanumfari. Furenta fari ne. Ko wa ya zo ya ce miki wani launi ne, ko mahaifinki ne, kada ki yarda.